Mujallun manya a Indiya: yadda suka faro da abin da suka bari

Tambaya: "Mu nan mun tashi da fina-finan Indiya ne, inda ko sumba ba a nunawa, da an zo wurin sai a karkata kyamara kan furanni. Sai ga shi na ji an ce tun shekarun 1970 akwai mujallu a can masu buga hotunan mata ba riga, ana kuma sayar da su a teburin jarida. Da gaske ne? In haka ne, yaya mutane masu kunya irin waɗannan suka bari, kuma wane tasiri abin ya yi musu?"

Amsa: Da gaske ne, Malam, ba ƙage aka yi musu ba. Sai dai hoton da ka ɗauko daga fim yana buƙatar gyara tukuna. Rashin sumbar da ka gani ba daga halin mutane kaɗai ya fito ba. Akwai hukumar tace fina-finai, da dokarta ta 1952, ita ke riƙe da almakashi. Fim na kowa ne, da mai karatu da wanda bai taɓa shiga aji ba, shi ya sa gwamnati ta sa masa ido sosai. Mujallar Turanci kuwa ta tsirarun mutanen birni ce. A ƙidayar 1971, kusan mutum ɗaya cikin uku ne ya iya karatu a Indiya, masu Turanci a cikinsu kuma kaɗan ne ƙwarai. Ka riƙe wannan bambanci, don kusan duk labarin a kansa ya rataya.

Mujallar da aka ba ka labarinta, kusan tabbas, Debonair ce. Wani ɗan kasuwa mai suna Susheel Somani, mai gidan ɗab'in G. Claridge a Bombay, shi ya kafa ta a 1973, yana kwaikwayon Playboy ta Amurka wadda Hugh Hefner ya fara a 1953. Playboy ba ta da izinin shiga Indiya, sai dai wadda matafiyi ya ɓoyo a ƙasan akwati, saboda haka akwai kasuwa a buɗe. Kuma ƙasa ta riga ta ɗan yi laushi. Khushwant Singh, da ya karɓi Illustrated Weekly of India a 1969, ya riga ya nuna cewa barkwanci mai yaji da hoto mai ɗaukar ido suna sayar da mujallar iyali ma. Stardust ta fito a 1971 da gulmar taurarin fim, Shobhaa De na editarta. A 1974 Cine Blitz ta yi wa kanta talla da hotunan Protima Bedi tana gudu tsirara, matar da daga baya ta zama gwanar rawar gargajiya ta Odissi har ta kafa makarantar rawa kusa da Bangalore. Debonair dai ita ce ta mai da abin sana'ar wata-wata: a tsakiyar kowace fitowa akwai shafi biyu a haɗe ɗauke da hoton mace tsirara daga ƙugu zuwa sama. Kuma 'yar Indiya ce, ba Baturiya ba. Wannan shi ne sabon abu.

Editocinta na farko, Ashok Row Kavi da Anthony van Braband, ba su daɗe ba, mujallar ta kama hanyar mutuwa. A 1974 sai wani matashi ma'aikacin kamfanin talla, Vinod Mehta, ya nemi a ba shi ita. Mai gida ya yarda bisa sharaɗin cewa hotunan matan suna nan daram, sauran shafuka kuwa ya yi yadda ya ga dama. A wannan ciniki ne mujallar ta sami kamanninta. Mehta ya cika sauran shafukan da doguwar hira da manyan mutane, sharhin littattafai, gajerun labarai, da shafin waƙoƙin Turanci. Mawaƙa irin su Nissim Ezekiel sun fito a ciki, kuma Imtiaz Dharker ta yi shekaru tana kula da shafin waƙa. A lokacin, wuraren da mai rubuta waƙa da Turanci zai buga aikinsa a Indiya har a biya shi ba su da yawa. Hoton tsakiya ke kawo kuɗin da ake biyan marubuci, rubutun marubuci kuma shi ke bai wa mai saye hujjar da zai kare kansa in an gan shi da ita. Kowa ya san da haka, kowa kuma ya yi kamar bai sani ba.

Mehta da kansa ya ba da labari a littafin tarihin rayuwarsa, Lucknow Boy, cewa Atal Bihari Vajpayee, wanda daga baya ya zama firaminista, ya taɓa gaya masa mujallar tasa tana da kyau, amma dole sai a ƙarƙashin matashin kai yake ajiye ta. Ana so ana kaiwa kasuwa ke nan. A ganina wannan magana ta amsa rabin tambayarka. Al'ummar ba ta "bari" ba a ma'anar amincewa a fili. Ta kau da kai ne, muddin abin bai shigo falo ba.

Ka dubi yadda ake sayenta. A teburin jarida na tashar jirgin ƙasa, irin na kamfanin A. H. Wheeler da ya cika tashoshin Indiya tun ƙarni na 19, mutum zai tsaya ya yi ta jujjuya wata jarida har jama'a su rage. Sai ya ɗauki jaridar yau, ya faɗi sunan mujallar ƙasa-ƙasa, mai tebur ya zaro ta ya cusa a tsakiyar jaridar, a naɗe, a biya, ba wanda ya kalli idon wani. Kwafi ɗaya da ya shiga ɗakin kwanan ɗalibai sai ya zaga ɗaki-ɗaki har bangonsa ya fita. A kasuwar tsofaffin littattafai ta bakin titi, kamar ta Flora Fountain a Bombay ko ta ranar Lahadi a Daryaganj da ke Delhi, a wancan zamani sau da yawa za ka tarar da tsohon kwafi an yage shafin tsakiya, an bar waƙoƙin lafiya lau. Saboda haka yawan kwafin da aka buga ba zai gaya maka yawan waɗanda suka gan ta ba.

Yanzu ga doka, wadda ita ce ƙashin bayan al'amarin. Sashe na 292 na kundin laifuffukan Indiya, kundin da Turawan mulkin mallaka suka kafa a 1860, shi ya haramta sayar da rubutu ko hoton batsa. (Wannan kundi ɗan'uwan namu ne: Penal Code na Arewacin Najeriya, da ya fara aiki a 1960, daga na Sudan aka kwaso shi, na Sudan kuma daga na Indiya.) Dokar ba ta fayyace mene ne batsa dalla-dalla ba, sai kotu ta aro ma'auni daga wata shari'ar Ingila ta 1868, shari'ar Hicklin. Ma'aunin yana tambaya ne: shin abin zai iya lalata tunanin mai raunin zuciya wanda zai iya faɗawa hannunsa? A 1964 Kotun Ƙoli ta tabbatar da wannan ma'auni a shari'ar Ranjit Udeshi, mai shagon littattafai a Bombay da aka kama yana sayar da Lady Chatterley's Lover na D. H. Lawrence ba tare da an tace ba. A 1969 aka yi wa sashen gyara, aka ba da kariya ga abin da aka buga don amfanin adabi, fasaha ko ilimi.

Ka sake karanta ma'aunin nan da kyau. Abin da ya dame shi shi ne hannun wa abin zai faɗa. Ma'ana, gwargwadon arhar abu da sauƙin harshensa, gwargwadon haɗarinsa a idon hukuma. Mujalla mai tsada, da Turanci, mai waƙoƙi da hira da 'yan siyasa, tana da abin da za ta nuna wa alƙali. Ƙaramin littafin Hindi da ake bugawa a takarda mai arha, a naɗe shi a leda ruwan ɗorawa a ɗinke bakinsa da ƙarfe, a sa masa sunan marubucin bogi Mastram, a baje shi a tashar mota, ba shi da lauya ba shi da mawaƙi. Shi ɗan sanda ke kwashewa in ya bushi iska. Alhali waɗannan ƙananan littattafai, da takwarorinsu na Malayalam da Tamil da Bengali, da mujallun labaran laifi irin su Manohar Kahaniyan da Satyakatha masu haɗa kisan kai da cin amanar aure da bango mai jan ido, su ne suka kai ga jama'a da yawa nesa ba kusa ba. Yawancin abin da ake rubutawa kan wannan tarihi a kan Debonair yake tsayawa, saboda masu rubutun 'yan ajin da suka karanta ta ne.

Ba wai ita ma ta kuɓuta ba. A tsakiyar shekarun 1970 ta buga wani gajeren ƙagaggen labari na Ruskin Bond mai suna The Sensualist. Bond mutum ne da aka fi sani da rubuta wa yara littattafai, yana zaune a garin Mussoorie a kan tsaunuka, sai ga sammacin kama shi kan laifin batsa. Shari'ar ta yi kusan shekara biyu a Bombay, Nissim Ezekiel da marubucin wasan kwaikwayo Vijay Tendulkar suka ba da shaida a kan darajar aikin, aka wanke shi. Abin lura shi ne rubutu aka kai kotu, alhali hoton tsakiya na fitowa kowane wata. Wannan ya faɗo ne a zamanin da Indira Gandhi ta kafa dokar ta-ɓaci, daga 1975 zuwa 1977, lokacin da duk 'yan jarida ke ƙarƙashin mai tacewa.

Akwai kuma wani abu da ke rikita hukuma a Indiya wanda ba kowace ƙasa ke da shi ba. Jikin wuraren bautar Khajuraho, da aka gina kimanin shekara dubu da suka wuce, da na Konark na ƙarni na 13, cike yake da sassaƙen da ya fi duk abin da Debonair ta taɓa bugawa fitowa fili. Sashe na 292 da kansa ya keɓe sassaƙen wuraren bauta daga laifi. Don haka duk lokacin da aka taso da maganar cewa tsiraici baƙon abu ne da Turawa suka kawo, sai ɗaya ɓangaren ya nuna waɗannan duwatsu ya ce kunyar ce Turawan zamanin Sarauniya Victoria suka kawo. Kowane ɓangare yana da ɗan gaskiya, kuma har yau ba a raba wannan gardama ba.

Wanda bai sami lauya ko mawaƙi ba a cikin mujallar kanta ita ce matar da ke hoton. Nan ne nake rabuwa da masu yi wa Debonair kirari. Editoci sun yi suna, marubuta sun sami kuɗin rubutu, mai saye ya ɓoye tasa a ƙarƙashin katifa ya ci gaba da zama mutumin kirki. Ita kuwa fuskarta aka buga. Samun matan da za su yarda shi ne aiki mafi wuya a gidan, kuma da yawa daga waɗanda suka yarda buƙatar kuɗi ce ko fatan shiga fim ya kai su. A ƙasar da iyaye ke binciken asalin yarinya kafin aure, hoto ɗaya ya isa ya bi mace har tsufa. 'Yan kaɗan sun yi suna ta wannan hanya. Yawancinsu ba wanda ya san inda suka ƙare, domin ba wanda ya tambaya.

Ƙungiyoyin mata sun ga wannan tun da wuri. Bayan zanga-zangar 1980 kan shari'ar Mathura, yarinyar da aka yi wa fyaɗe a ofishin 'yan sanda amma Kotun Ƙoli ta saki waɗanda ake zargi, harkar kare haƙƙin mata ta yi ƙarfi, ta kuma juyo kan allunan fim da tallace-tallace da mujallu. A 1986 majalisa ta yi dokar hana nuna mata ta hanyar rashin ɗa'a. Amma ko a cikin matan an rabu biyu. Wasu sun ce dokar ta yi daidai. Wasu sun ce kalmominta sun yi faɗi, kuma abin da take karewa tarbiyyar jama'a ce, ba matar da aka ci da guminta ba, har ma ta zama sanda a hannun masu son rufe bakin mata gaba ɗaya. Abin da ya biyo baya ya fi goyon bayan kashi na biyu.

Shekarar 1991 ce ta sauya komai. Indiya ta buɗe tattalin arzikinta, tashoshin tauraron ɗan'adam irin su Star suka karya kaka-gidan da Doordarshan, tashar gwamnati, ta yi a talabijin, kaset ɗin bidiyo kuma ya riga ya shiga gidaje. A shekarar ce kamfanin kwaroron roba na KamaSutra ya fito da tallan Pooja Bedi da Marc Robinson, wanda ya sayar da kayan da sunan jin daɗi a ƙasar da ta saba jin sa da sunan tsarin iyali kawai. Abin da a da sai an zaro daga ƙarƙashin tebur ya hau allon talla. Sababbin mujallu irin su Fantasy da Chastity suka fito, sun fi tsiraici, ba su damu da waƙa ba. Debonair kuma ta sami mace edita, Amrita Shah, a farkon shekarun 1990. Martani bai jima ba. A 1995 gwamnatin jam'iyyun Shiv Sena da BJP ta hau mulki a jihar Maharashtra, ministan al'adunta Pramod Navalkar ya shiga yaƙi da abin da ya kira batsa. A shekarar ce aka shigar da ƙarar masu tallan kaya Milind Soman da Madhu Sapre kan tallan takalmin Tuff, inda suka fito ba komai a jikinsu sai takalma da mesa a naɗe. Sai a 2009 kotu ta wanke su. Shekara 14 ke nan. A irin wannan shari'a, jeka-ka-dawo ɗin shi ne hukuncin, ko da an wanke mutum a ƙarshe.

Daga nan sai mujallun waje suka shigo da lasisi: Cosmopolitan a 1996, sannan Maxim da FHM da GQ a tsakanin 2005 da 2008. Waɗannan ba sa buga tsiraici irin na Debonair. Taurarin fim ne a bango cikin kaya kaɗan, a ciki kuma agogo, mota, turare da motsa jiki. Kayan masarufi suke sayarwa, jikin mace ado ne a kan kanta. Su ma sun sha rigima. Jarumar fim ɗin Tamil, Khushbu, ta kai ƙarar Maxim a 2006 saboda sun ɗora kanta a kan jikin wata. A ƙarshen 2011 FHM ta fito da jarumar Pakistan Veena Malik a bango da haruffan ISI, sunan hukumar leƙen asirin ƙasarta, a dantsenta. Ita ta ce an sauya hoton, mujallar ta musanta. Ita Debonair tun 2005, ƙarƙashin edita Derek Bose, ta daina tsiraicin gaba ɗaya ta koma neman matasa. Ba wa'azi ne ya sa ta ba. Intanet ta shigo wa jama'a a Indiya tun 1995, shagunan shiga intanet suka cika gari, ba wanda zai ƙara jure kallon mai tebur don hoto guda. Da kamfanin sadarwa na Jio ya karya farashin data a 2016, zancen ya ƙare.

To me suka bari? Ni a nawa nazarin, tasirinsu a kan aikin jarida ya fi tasirinsu a kan ɗabi'a. Vinod Mehta ya bar Debonair ya kafa Sunday Observer a 1981, ya zama editan farko na Outlook a 1995, kuma har ya rasu a 2015 yana cikin editocin da aka fi girmamawa a ƙasar. Salon doguwar hira marar tsoro da rubutu mai walwala da ya gwada a can ya bi shi zuwa manyan jaridu. Ashok Row Kavi ya kafa Bombay Dost a 1990, mujallar farko ta masu neman jinsi a Indiya, shekara 28 kafin Kotun Ƙoli ta cire wannan daga laifi a 2018. Shafin tambaya da amsa kan matsalolin jima'i, wanda a da sai a irin waɗannan mujallu da na mata ake samunsa, ya koma jaridar yau da kullum: Dakta Mahinder Watsa ya yi shekara 15 yana amsa irin waɗannan tambayoyi a Mumbai Mirror har ya rasu a 2020 yana da shekara 96. Tambayoyin da ake aiko masa sun nuna irin jahilcin jikin ɗan'adam da ke tattare da mutanen da suka yi karatu mai zurfi, kuma wannan kaɗai ya isa ya nuna cewa shekaru 30 na hoton tsakiya ba su koyar da kowa komai ba.

A kan ɗabi'a kuwa, ban ga hujjar cewa sun sauya Indiya ba, ko ta alheri ko ta sharri. Mafi yawan aure a can har yau iyaye ke haɗawa. Lokacin da Khushbu ta yi wata magana kan jima'i kafin aure a mujallar India Today a 2005, ƙararraki sama da 20 aka shigar a kanta, sai da Kotun Ƙoli ta soke su a 2010. Kotun ta ɗan matsa gaba a 2014, a shari'ar Aveek Sarkar, kan hoton ɗan wasan tanis na Jamus Boris Becker da budurwarsa Barbara Feltus wanda wata mujallar wasanni da wata jarida a Kolkata suka sake bugawa a 1993. Hoton na adawa da wariyar launin fata ne. Kotu ta ajiye ma'aunin Hicklin, ta ce a duba abu gaba ɗayansa da saƙonsa bisa yadda mutum mai matsakaicin hankali na wannan zamani zai gan shi. Amma ƙorafi a ofishin 'yan sanda bai tsaya ba: a 2022 an shigar da ƙara kan jarumin fim Ranveer Singh a Mumbai (Bombay a da) saboda hotunan tsiraici da ya ɗauka wa wata mujallar Amurka.

Rigimar ta bar takarda ta koma waya. An toshe shafin zanen barkwancin batsa na Savita Bhabhi a 2009, an ba da umarnin toshe shafuka 857 a 2015 kafin a sassauta cikin 'yan kwanaki, sannan a watan Maris na 2024 ma'aikatar yaɗa labarai ta rufe manhajojin kallo 18, yawancinsu masu arha ne da ke yin shirye-shirye da Hindi. Dokokin da ta kafa hujja da su sun haɗa da dokar fasahar sadarwa ta 2000, da dokar 1986, da sashe na 292, wanda 'yan watanni bayan haka ya koma sashe na 294 a sabon kundin laifuffukan da ya fara aiki ranar 1 ga Yuli, 2024.